Idan Banki Ya Yarda da Sulhu Kan Bashi, Ina Aka Kwana da Shari'a?

"Barista, ina sayar da kayan gini a kasuwar Dei-Dei. A shekarar 2022 na karɓi bashin naira miliyan 30 a wani banki, na ajiye takardun gidana na Kubwa jingina, yayana kuma ya sa hannu ya tsaya mini. Na biya kusan miliyan 11 kafin kasuwa ta juya mini baya. Yanzu banki ya kai ni Babbar Kotun Abuja yana neman miliyan 52, amma lauyansu ya kira ni ya ce idan zan biya miliyan 36 cikin wata shida, miliyan shida-shida, za su yafe sauran. Idan na sa hannu, shari'ar ta mutu ke nan? Za su iya dawowa daga baya su nemi abin da suka yafe? Gidana da yayana kuma fa?"

Alhaji, Allah ya kawo mafita. Abin da kake son sani shi ne ko takardar sulhun da za ka sa wa hannu za ta maye gurbin tsohon bashin gaba ɗaya, ta rufe wa banki ƙofar kotu, ta kuma 'yantar da gidanka da yayanka. Amsar a taƙaice ita ce sa hannu kaɗai ba ya yin ko ɗaya daga cikin waɗannan. A mafi yawan takardun sulhun da bankuna ke rubutawa, tsohon bashin kwanciya yake yi, ba mutuwa ba, kuma ba ya mutuwa sai ranar da kobo na ƙarshe ya shiga asusun banki a kan lokaci. Ban ga takardar rancenka ba, ban ga ƙarar da aka shigar ba, ban kuma ga daftarin sulhun ba, saboda haka abin da zan faɗa bayani ne na yadda doka da aikin yau da kullum suke tafiya, hukuncin ƙarshe kuwa sai lauyan da ya karanta takardunka layi bayan layi.

Yana da kyau ka fara sanin dalilin da ya sa banki ke neman sulhu, domin wanda ya san dalilin abokin cinikinsa ya fi iya ciniki. Ƙa'idojin da Babban Bankin Najeriya ya fitar a 2010 sun ce bashin da ya yi kwana 90 ba a biya ba ya shiga jerin basussukan da suka lalace, kuma dole banki ya ware wani kaso daga ribarsa ya ajiye domin cike gurbinsa: kashi 10 cikin 100 da farko, kashi 50 idan ya wuce kwana 180, kashi 100 cif idan ya wuce kwana 360. Ma'ana, bashin da ya kai shekara bai motsa ba, banki ya riga ya ɗauki asararsa a littafi, duk abin da ya karɓo bayan haka kuwa kamar riba ce ta dawo. Ga kuma jinkirin shari'a, wadda kan ɗauki shekaru daga babbar kotu zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara har Kotun Ƙoli, alhali darajar naira na zaizayewa. Ba kai kaɗai ne wannan ya rutsa da shi ba. A farkon 2022 ma'aunin kuɗin ruwa na Babban Banki kashi 11.5 ne, zuwa Nuwambar 2024 ya kai kashi 27.5, kuma yawancin takardun rance sun ba banki damar ɗaga kuɗin ruwa idan kasuwa ta canja. Saboda haka tayin da aka yi maka lissafi ne na kasuwanci. Kada ka karɓe shi da jin cewa alfarma ce wadda ba a tanka mata.

Abin da doka ta ce kan karɓar ƙasa da abin da ake bi

Dokar kwangila da muke aiki da ita mun gaje ta daga Ingila, kuma a cikinta akwai tsohuwar ƙa'ida tun daga shari'ar Pinnel ta 1602, wadda aka sake tabbatarwa a shari'ar Foakes da Beer a 1884. Ƙa'idar ta ce idan ana bin ka miliyan 52 da ba ka musanta ba, ka biya miliyan 36, alkawarin da mai bin bashi ya yi na yafe sauran ba ya ɗaure shi, domin ba ka ba shi wani sabon abu ba face wani ɓangare na abin da dama hakkinsa ne. Wannan yakan ba mutane mamaki, musamman a al'adarmu da idan dattijo ya ce "na yafe" a gaban shaidu magana ta ƙare, amma haka dokar take.

Akwai hanyoyin da alkawarin yafiya ke samun ƙarfi. Idan aka rubuta sulhun a matsayin yarjejeniya mai hatimi da shaidu, tana ɗaure ɓangarorin biyu ko da ba a ba da wani sabon abu ba. Idan mai bashi ya kawo abin da ba ya cikin alkawarin farko bisa buƙatar banki, kamar ƙarin jingina, ko wani na daban ya biya a madadinsa bisa sharaɗin a rufe bashin, nan ma alkawarin ya ɗauru. Haka kuma idan akwai saɓani na gaskiya kan adadin kuɗin, kai kana cewa an yi maka aringizo, su suna cewa ba a yi ba, to ajiye wannan jayayya da ka yi shi kansa abu ne da ka bayar, kuma kotu za ta ɗauki sulhun a matsayin sabuwar kwangila. Bayan waɗannan akwai sashe na 169 na Dokar Shaida ta 2011, wanda ke hana mutum janye maganar da ya sa wani ya gaskata har ya yi aiki a kanta. Wannan sashe yana da amfani, amma garkuwa ce da ake ɗagawa bayan an riga an shiga rigima, kuma ba na son wanda nake wakilta ya dogara da ita alhali yana da damar samun takarda tsayayya tun farko. Maganar da lauyan banki ya yi maka ta waya, har yanzu ba komai ba ce a idon kotu.

Sharaɗin da ke tayar da tsohon bashi

A nan ne mafi yawan mutane ke faɗawa. Kusan duk takardar sulhun banki tana ɗauke da wani sakin layi, sau da yawa can wajen shafi na biyu ko na uku, mai cewa rangwamen da aka yi ya dogara ne kan biyan kowane kashi a ranarsa, kuma idan aka saɓa ko da sau ɗaya ne, rangwamen ya rushe, dukkan tsohon bashi ya dawo tare da kuɗin ruwan da ya taru, banki kuma yana da ikon ci gaba da duk matakan da yake da su ba tare da sake sanarwa ba. Kotuna suna aiwatar da irin wannan sharaɗi, domin aikin alƙali shi ne ya fassara abin da mutane suka rubuta da hannunsu, ba ya sake rubuta musu shi.

Mu auna da lambobinka. A ce ka biya kashi huɗu lafiya, miliyan 24 ke nan, sai a wata na biyar wani ɗan kwangilar da ka ba siminti da rodi bashi ya ƙi biyan ka. A lissafinka saura miliyan 12. A lissafin takardar kuwa an koma miliyan 52, an cire 24, saura 28, sannan a ɗora kuɗin ruwan watannin da suka wuce idan ba a rubuta cewa an dakatar da shi ba. Kuma da yake bankuna sukan fara cire tara da kuɗin ruwa daga duk abin da aka biya kafin su taɓa uwar kuɗi, kana iya tarar da uwar kuɗin tana nan kusan yadda ka bar ta. Na taɓa karɓar takardun wani ɗan kasuwa da ya biya duk kasonsa sai na ƙarshe, wanda ya tura da yammacin Juma'a daga wani banki, kuɗin bai bayyana a asusun ba sai ranar Litinin, alhali wa'adin ya cika ranar Asabar. Takardarsa ba ta ba da ko kwana ɗaya na sassauci ba. An daidaita daga baya, amma sai da aka yi watanni ana musayar wasiƙu, takardun filinsa kuma suna riƙe a hannun banki, mai sayen da ya samu har ya gaji ya tafi.

Saboda haka abin da ya fi adadin rangwamen muhimmanci shi ne yadda aka rubuta sakamakon saɓawa. Ka nemi a sa wa'adin sassauci, kamar kwana 14 ko 21 bayan rubutacciyar sanarwa, kafin a ce ka saɓa. Ka nemi a rubuta cewa kuɗin ruwa da tara sun tsaya cak daga ranar sa hannu. Idan za su yarda, ka nemi a ce saɓawa za ta jawo biyan ragowar kuɗin sulhu nan take tare da kuɗin ruwa a kansa kaɗai, maimakon dawo da tsohon adadi. Bankuna ba su cika yarda da wannan na ƙarshe ba, amma sukan yarda da tsaka-tsaki, wato rangwamen ya riƙa tabbata gwargwadon abin da aka biya. Kuma dole takardar ta faɗa ƙarara cewa biyan miliyan 36 shi ne cikakken biya na ƙarshe a kan wannan rance da duk abin da ya rataya a kansa, har da kuɗin lauyoyin banki, domin na sha ganin an gama biya sai ga wasiƙar neman kuɗin lauya da na masu karɓo bashi.

Akwai wani abu da sa hannu ke yi wanda ba a cika lura da shi ba. Gabatarwar takardar sulhu takan fara da cewa mai bashi ya amince ana bin sa naira kaza. Da zarar ka sa hannu a ƙarƙashin miliyan 52, ka yi iƙirari a rubuce, kuma duk wata hujja da kake da ita cewa lissafin bai yi daidai ba ta yi rauni ƙwarai. Shi ya sa nake ba da shawara kada a shiga cinikin rangwame sai an tantance asalin adadin. Ka nemi cikakken bayanin asusunka tun daga ranar da aka ba ka kuɗin, ka ba akantan da ya san harkar banki ya bi shi tare da takardar tayin rance. Jadawalin cajin banki na Babban Banki da ya fara aiki a 2020 ya ƙayyade tarar jinkiri a kan rancen naira da cewa kada ta wuce kashi 1 cikin 100 a wata na abin da ba a biya ba, ban da kuɗin ruwa na yau da kullum. Akantan zai duba ko an wuce wannan, ko an ɗaga kuɗin ruwa ba tare da sanar da kai ba, ko an cire wasu kuɗaɗen da ba sa cikin yarjejeniya. Idan bincike ya nuna ainihin bashin miliyan 43 ne, to yafiyar da ake yi maka miliyan 7 ce, ba 16 ba, kuma kana da dalilin neman a sauko. Wanda ya ga an cire masa kuɗi ba bisa ƙa'ida ba yana iya kai ƙorafi a rubuce ga bankin, idan wa'adin da aka tanada ya wuce ba a warware ba ya kai ga sashen kare hakkin abokan hulɗa na Babban Banki, sai dai tunda maganarka tana gaban alƙali, a can lauyanka zai fi amfani da sakamakon binciken.

Yayin da ake tattaunawa, duk wasiƙar tayi da za ta fito daga ɓangarenka a rubuta mata "without prejudice" a sama. Sashe na 196 na Dokar Shaida ya hana a gabatar da abin da ke cikin irin wannan takarda a matsayin hujja a shari'ar da ba ta laifi ba, muddin an rubuta ta ne a ƙoƙarin sasantawa. Kada ka aika saƙon waya ko WhatsApp kana cewa "na san ana bi na, a yi mini haƙuri", domin ana bugo irin waɗannan saƙonni a kawo su kotu. Ga masu karatu da bashinsu ya daɗe ba a kai su ƙara ba, akwai ƙarin dalili. A Abuja wa'adin shigar da ƙara kan bashi na kwangilar yau da kullum shekara shida ne, a wasu jihohi biyar, wanda ke da jinginar gida ko takarda mai hatimi kuma ya fi haka tsawo, amma iƙirari a rubuce ko biyan wani ɓangare yana sa a soma ƙirga wa'adin daga farko.

Makomar ƙarar da ke gaban kotu

Ƙarar da aka shigar ba ta ɓacewa don an sasanta a ofishin lauya. Abu ɗaya cikin uku ke faruwa. Wani lokaci ana sanar da alƙali cewa ana tattaunawa, ya riƙa ɗaga zama har a gama biya, ƙarar tana nan da ranta. Wani lokaci banki ya janye ƙarar, a nan kuma sai a lura da kalmar da alƙali ya yi amfani da ita, domin ƙarar da aka cire daga jerin shari'o'i kawai ana iya sake shigar da ita, wadda aka kora kora ta ƙarshe kuwa ba a dawo da ita. Hanya ta uku, wadda lauyoyin banki suka fi so, ita ce a shigar da sharuɗɗan sulhun gaban kotu, alƙali ya karɓe su ya mayar da su hukuncinsa.

Wannan hukuncin sulhu yana da fuska biyu. Yana kare ka, domin banki ba zai iya sake kai ka ƙara a kan wannan bashi ba, kuma idan ka cika alkawari, kotu ce da kanta za ta tilasta masa ya saki takardunka. Amma idan ka saɓa, banki ba ya bukatar ya sake tabbatar da komai. Ya riga ya riƙe hukunci a hannu, sai aiwatarwa kawai a ƙarƙashin dokar aiwatar da hukuncin kotu. Yana iya neman umarnin garnishi, wanda kotu ke bayarwa da farko ba tare da an kira ka ba, a aika wa bankuna da dama a lokaci guda su riƙe duk kuɗin da ke asusunka, sai daga baya a kawo maka takarda aƙalla kwana 14 kafin zaman da za a tabbatar da umarnin. Yana iya sa ma'aikatan kotu su kwashe kayan shago da motoci a yi gwanjonsu, idan ba su isa ba ya nemi izinin kotu a kan gida ko fili. Ƙofar ɗaukaka ƙara kuma a ƙuntace take: sashe na 241(2)(c) na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ce ba a ɗaukaka ƙara kan hukuncin da aka yi da yardar ɓangarori sai da izinin kotu, kuma ba a rushe shi sai an tabbatar da abu mai nauyi kamar zamba, yaudara ko kuskure na asali. "Ban karanta da kyau ba" ba ya cikin waɗannan dalilai.

A ra'ayina, wanda yake da tabbacin inda kuɗin zai fito, hukuncin sulhu ya fi masa, domin yana rufe magana rufewa ta gaskiya. Wanda kuwa yake fatan kasuwa ce za ta kawo kuɗin wata-wata, gara ya nemi a riƙa ɗaga shari'ar har ya gama biya, sannan a shigar da takardar da ke cewa an biya an sallami juna. Idan banki ya dage sai an yi hukunci tun farko, to a tabbata adadin da hukuncin ya ambata shi ne miliyan 36. Kuna kuma iya neman alƙali ya tura ku cibiyar sasanci ta Babbar Kotun Abuja, wadda ke aiki tun 2003, inda mai shiga tsakani zai zauna da ku, kuma Dokar Sasanci ta 2023 ta ba yarjejeniyar da aka cimma ta wannan hanya ƙarfin da kotu za ta aiwatar da ita.

Gidan Kubwa da yayanka

Jingina tana nan daram har sai an biya an kuma sake ta a rubuce. Ƙarfin banki a kan gidan ya danganta da irin jinginar da aka yi. Idan cikakkiyar jingina ce da aka sa wa hannu, aka samu amincewar Ministan Abuja, aka yi mata rajista a ofishin filaye, to galibi tana ba banki ikon sayar da gidan da kansa idan an saɓa, bayan sanarwar da doka da takardar suka tanada. Idan kuwa takardun mallaka kawai ka miƙa aka ajiye, banki sai ya bi ta kotu kafin ya sayar. Ko wacce ce, takardar sulhu ta faɗa cewa banki ya dakatar da duk wani yunƙurin sayarwa muddin kana biya, kuma cikin kwanaki kaza bayan biya na ƙarshe zai miƙa maka asalin takardunka, da takardar sakin jingina da za ka kai a yi wa rajista, da wasiƙar shaidar cewa ba a bin ka komai. Idan ba a yi rajistar sakin ba, duk mai son sayen gidan da ya je bincike zai tarar da sunan banki a kai ko da shekara goma ta wuce.

Game da yayanka, doka ta ba banki damar bin wanda ya tsaya wa mai bashi kai tsaye, ba sai ya gama da mai bashin ba. Asalin ƙa'ida ita ce idan mai bin bashi ya canja sharuɗɗa ko ya ƙara wa'adi ba da yardar wanda ya tsaya ba, ko ya sallami mai bashin, to wanda ya tsaya ya kuɓuta. Sai dai bankuna sun san da wannan, shi ya sa takardar da yayanka ya sa wa hannu kusan tabbas tana ɗauke da sharaɗin cewa banki na iya yin rangwame ko ƙarin lokaci ba tare da hakan ya sauke masa nauyi ba. Har akan sa a takardar sulhu cewa banki ya riƙe hakkinsa a kan wanda ya tsaya. Idan aka bar wannan layi, kana iya biyan miliyan 36 ka fita, a juya kan yayanka da neman miliyan 16, shi kuma doka ta ba shi damar dawowa kanka ya nemi abin da ya biya. Ka ga yafiyar ta zama ta baka kawai, ga kuma zumunci ya shiga hatsari. A ambaci sunansa a cikin takardar, a ce biyan kuɗin sulhu ya sallame ku ku biyu. Kuma ka sanar da shi halin da ake ciki tun yanzu, kada ya fara ji daga bakin ma'aikacin kotu.

Hanyoyin da ba sa bi ta kotu

Tun daga 1 ga Agustan 2020 akwai tsarin GSI na Babban Banki, wanda ke ba bankin da ke bin mutum bashi damar cire kuɗi daga asusunsa na wasu bankuna ta hanyar lambar BVN, idan ya sa hannu a takardar izinin lokacin karɓar rance. Tunda a 2022 ka karɓi naka, akwai yiwuwar ka sa. Tsarin ya taƙaita ne ga uwar kuɗi da kuɗin ruwa, ban da tara, amma na'ura ce ke aikin, ba ta san an yi sulhu ba sai an dakatar da ita. A rubuta cewa banki ba zai yi amfani da shi ba muddin kana kan biya. Haka nan sunanka yana wurin kamfanonin adana bayanan bashi da ke aiki ƙarƙashin dokar 2017 da kuma rumbun Babban Banki, kuma duk bankin da za ka nemi rance nan gaba sai ya duba. A ɗora wa banki nauyin gyara bayanan bayan ka gama.

Ka yi hattara da ba da cak mai kwanan wata na gaba a matsayin tabbacin biya. Bashi shi kansa ba laifi ba ne. Sashe na 8(2) na dokar gudanar da shari'ar laifuka ta 2015 da sashe na 32(2) na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 sun hana kama mutum saboda saɓa kwangila kawai, Kotun Ƙoli kuma ta faɗa a 2018 cewa hukumar EFCC ba hukumar karɓo bashi ba ce. Amma dokar 1977 kan cak maras kuɗi ta tanadi ɗaurin shekara biyu ba zaɓin tara ga wanda ya ba da cak aka kai shi banki cikin wata uku aka tarar ba kuɗi. Cak shida da za ka miƙa a ranar sulhu suna iya mayar da rigimar kuɗi ta zama tuhumar laifi. Tura kuɗi ta asusu, tare da ajiye shaidar kowane biya, ya fi maka aminci.

Sai batun wanda ya sa hannu a madadin banki. Manajan reshe ko jami'in da ke kula da asusunka yawanci ba shi da ikon yafe miliyoyi, wannan hurumin kwamitin bashi ne ko hukumar gudanarwa a hedikwata. Na ga wanda ya biya bisa wasiƙar da jami'i ɗaya ya sa wa hannu, jami'in ya bar aiki, hedikwata ta ce ba ta taɓa amincewa ba, kuɗin da ya biya aka lissafa su a matsayin ragi kawai daga tsohon bashi. Ka nemi tayin ya zo a takardar banki mai tambari, da sa hannun jami'ai biyu masu izini, yana ambaton amincewar hedikwata, kuma kuɗin ya shiga asusun rancen kai tsaye, ba asusun wani wakili ba. Idan bashi ya koma hannun AMCON, wadda aka kafa a 2010 don sayen basussukan da suka lalace, ko hannun NDIC, hukumar inshorar kuɗin ajiya a bankuna, bayan an rufe banki, to da su ake sulhu, kuma dokar AMCON ta ba ta ikon riƙe dukiya da asusu fiye da na banki. Wanda kuma rancensa na bankin da ba ya ta'ammali da ruwa ne, kamar cinikin murabaha, farashin da aka yanke tun farko ba ya ƙaruwa saboda jinkiri, amma duk abin da na faɗa kan rubutu, jingina da hukuncin kotu ya shafe shi.

Ko ka karɓi tayin? Ka karɓi miliyan 30, ka biya 11, idan ka ƙara 36 ka biya 47 ke nan a jimlace. Idan aka duba shekarun da kuɗin ya yi a hannunka da yadda kuɗin ruwa ya hau, wannan adadi ba abin a yi watsi da shi ba ne, ko da yake binciken akanta na iya ba ka damar rage shi. Abin da ya fi damuna shi ne wata shida. Kai ka fi ni sanin cewa cinikin kayan gini yakan ja baya da damina ya farfaɗo da rani, kuma kuɗin 'yan kwangila ba ya zuwa ranar da aka yi alkawari. Idan miliyan shida a wata daga cinikin shago kaɗai za ta fito, ka nemi wata goma ko goma sha biyu ko da za a ƙara maka wani abu kaɗan a kan adadin, ko ka nemi a tsara kason ya yi nauyi a watannin da kasuwa ke ci. Idan kana da fili ko mota da za ka iya sayarwa ka ba da kaso mai tsoka a farko, wannan ne ke sa banki ya saurari sauran buƙatunka, domin kuɗi a hannu shi yake nema. Kafin ranar zaman kotu na gaba, ka kai wa lauyanka takardar tayin rance, takardar jingina, wadda yayanka ya sa wa hannu, bayanin asusu da daftarin sulhun, kuma ya shigar da kariyarka a kan lokaci ko da ana tattaunawa, domin ƙarar bashi tana da hanyar gaggawa da alƙali ke yanke hukunci idan wanda ake ƙara bai nuna yana da abin cewa ba, kuma maganar sulhu da ake yi a waje ba ta tsayar da wannan wa'adi.